Wasa biyar cikin kwana shida: Sewanee ta 1899, jarumta ce ko neman kuɗi?

Ɗan Nashville:
Assalamu alaikum 'yan zaure. Tun da an shafe mako ana kuka kan yawan wasannin da ake jibga wa 'yan ƙwallo, bari in kawo muku wata kakar wasa ta can baya ku ɗora a sikeli. Ba tamaular da muka saba ba ce, ta Amurkawa ce, wadda ake rungume ƙwallo a sheƙa da ita ana bangazar juna.

A jihar Tennessee, a kan wani tsauni tsakanin Nashville da Chattanooga, akwai wata ƙaramar jami'a ta cocin Episcopal mai suna Sewanee. A 1899 ɗalibanta duka-duka 326 ne. A watan Nuwamban shekarar 'yan wasanta 18 suka hau jirgin ƙasa tare da koci da manaja da mai yi musu tausa, suka yi tafiyar mil 2,500, wajen kilomita 4,000 ke nan. Ranar Alhamis 9 ga wata suka ci ƙungiyar jami'ar Texas 12-0 a Austin. Kashegari Juma'a suka ci Texas A&M 10-0 a Houston. Asabar suka ci Tulane 23-0 a New Orleans. Lahadi ba a wasa, suka huta. Litinin LSU, jami'ar jihar Louisiana, ta sha 34-0 a Baton Rouge, Talata Ole Miss, wato jami'ar Mississippi, ta sha 12-0 a Memphis. Wasa biyar cikin kwana shida, duk a waje, maki 91, ba wanda ya samu ko maki ɗaya a kansu.

Kakar gaba ɗaya wasa 12 suka buga, suka cinye duka. Sun tara maki 322, an ci su 10 kacal. Ni dai na ce a tarihin wasannin jami'o'in Amurka babu abin da ya kama ƙafar wannan. Mai ja ya fito.

Auwal ɗan Arsenal:
Wa alaikumus salam Yaya. Kai! Wasa yau, wasa gobe, wasa jibi? Mu da kociyoyin Firimiya ke tada jijiyar wuya in an sa musu wasa biyu cikin kwana uku lokacin Kirsimeti. Waɗannan mutane ne ko ƙarfe?

Baban Sadiq:
Wa alaikumus salam. To ga mai ja ya fito. Ban musa ko lamba ɗaya a cikin abin da ka kawo ba, amma sunayen nan suna ruɗin kunne. Duk wanda ya ji Texas da LSU a yau, manyan filayen nan masu cin mutum sama da 100,000 ne za su faɗo masa a rai. A 1899 ba haka suke ba. Texas da LSU da Tulane da Ole Miss duk a 1893 suka fara buga wasan, A&M kuwa sai 1894. Jarirai ne. Tulane ta ƙare wannan kakar ba ta ci wasa ko ɗaya ba, ko maki guda ba ta samu ba daga farko har ƙarshe. LSU wasa ɗaya ta ci cikin biyar, shi ma Tulane ɗin ta samu ta huce a kanta. Ole Miss an ci ta fiye da yadda ta ci.

A wancan zamanin ƙwallon tana arewa maso gabas ne, wurin su Harvard da Yale da Princeton da Pennsylvania, sai Chicago a tsakiyar ƙasa. Sewanee ba ta kara da ko ɗaya daga cikinsu ba. Shi ya sa masu tsara jerin zakarun ƙasa suke ba Harvard ko Princeton shekarar 1899. Sewanee zakarar kudu ce, iyakarta ke nan. Kowa ya ga biri a gonar da ba mai tsaro ya ga ƙoshi.

Ɗan Nashville:
Malam, Allah ya ƙara sani. Tulane da LSU na bar muku su, ba su da ƙarfi. Amma Texas ta ci wasa shida cikin takwas a shekarar, A&M ma ta ci fiye da yadda aka ci ta, kuma su biyun aka fara da su, bayan doguwar tafiya daga Tennessee. Sannan ni ba ƙarfin abokan karawa nake tallatawa ba, jikin ɗan Adam nake magana a kai. Ku dubi dokar wasan a lokacin. Babu jefa ƙwallo gaba, sai a 1906 aka halatta shi. Ana ba ka dama uku ka matsa yadi biyar, in ka kasa ƙwallo ta koma hannun abokan gaba. Da me za ka ci yadi biyar in ba jifa? Da ƙirji da kafaɗa. Mutum goma sha ɗaya su dunƙule su afka wa goma sha ɗaya, a yi tsibi, a tashi, a sake. Mutanen da ke kai hari su ne dai masu tsaron gida, ba kamar yanzu da ake da runduna biyu daban ba. Kuma wanda aka cire daga fili ba ya komawa sai wani wasan. Saboda haka ko hancinka ya fashe ba ka son a fitar da kai.

Ko da almajiran wasa ka samu, in ka yi irin wannan gwabzawar yau, gobe da safe sai an taimaka maka ka sa takalmi. Su kuwa a tarago suke kwana, gari ya waye su sauka a wani birni su sake.

Kawu Iro:
'Ya'yana, ku tsaya ni in yi maganar abin da na sani. Ƙwallon Amurka ban san kanta ba, amma jirgin ƙasa na san shi. Layin dogo daga Kano zuwa Legas kilomita dubu da ɗari da 'yan kai ne. Tafiyar yaran nan ke nan kamar ka je Legas, ka dawo Kano, ka koma Legas, ka kamo hanyar dawowa ka yi rabi. A jirgi mai cin gawayi, hayaƙi na shigo maka ta taga. Ni da na sauka a Iddo a zamanin ƙuruciya, ko sallama da ƙyar na iya yi wa mai masaukina, balle a ce in shiga fili a yi ta tumurmusa ta. Malam Baban Sadiq, ka bar yaran nan da yabonsu.

Abin da nake son ji, me suke ci, me suke sha? Baƙon ruwa kaɗai ya isa ya kwantar da ƙato.

Ɗan Nashville:
Kawu, kun taɓo inda suka yi wayo. Ganga biyu suka ɗauko ta ruwan marmaro daga kan tsauninsu, suka saka a jirgi, don kada ruwan garuruwan da za su bi ya ɓata musu ciki.

Baban Sadiq:
Kawu, ba yabonsu nake son ƙwacewa ba, ma'auni nake so a gyara. Ga wani abu ma da masu yabon ba su cika faɗa ba. Sewanee a lokacin ba ta yin dogon hutu da rani kamar sauran makarantu. Saboda a kan tsauni take, bazararta da sanyi-sanyi, sai suka mai da dogon hutunsu lokacin hunturu. Wato yayin da ɗaliban Texas da Tulane suke gida suna hutu, na Sewanee suna makaranta tare, suna iya atisaye. Sun shigo kaka a shirye, sauran kuwa lokacin suke fara sanin sunan juna. Kocinsu kuma, Billy Suter, daga Princeton ya fito, ya zo musu da dabarun can arewa. Don haka abin ba mu'ujiza ba ne, akwai dalilai.

Barista:
Salamu alaikum. Na karanta daga sama. Kuna ta auna ƙarfi da gajiya, ba wanda ya tambayi abin da ya fi muhimmanci: wane ne ya tsara wannan tafiya, kuma don me? Babu mai hankalin da zai zauna ya ce bari mu buga wasa biyar a kwana shida don a tuna da mu bayan shekara ɗari. Kuɗi ne.

Babbar abokiyar hamayyar Sewanee ita ce Vanderbilt da ke Nashville. Wasansu shi ne mai tara jama'a, kuma kuɗin ƙofarsa ne ke riƙe ƙungiyar Sewanee, don su a kan dutse suke, ƙauye ne, ba 'yan kallo. A 1899 aka samu saɓani kan yadda za a raba kuɗin ƙofar, wasan ya rushe. Manajan ƙungiyar, wani ɗalibi ɗan shekara 20 mai suna Luke Lea, shi ya zauna ya yi lissafi. Tafiya Texas tana da tsada, wasa ɗaya ba zai biya kuɗin jirgi ba. To sai a jera wasanni a kan hanyar dawowa, kowane birni a karɓi kaso. Ku duba wuraren: Austin, Houston, New Orleans, Baton Rouge, Memphis. Wasan A&M ba a makarantarsu aka yi ba, Houston aka kai shi. Na Ole Miss ma Memphis aka kai shi. Inda masu biyan kuɗin kallo suke ake bi.

Saboda haka in za a yi kirari, a fara da mai riƙe da littafin lissafi. Shi ya sayar da ƙasusuwan abokan karatunsa, su kuma suka cika masa alkawari.

Auwal ɗan Arsenal:
Haba Barista, "sayar da ƙasusuwa" ai ya yi nauyi. Dole aka yi musu? Su ma suna so.

Barista:
Auwal, ɗan shekara 20 yana son abubuwa da yawa da bai kamata a bar shi ya yi ba. Kuma Lea ɗin nan ba ƙaramin ɗan kasada ba ne, rayuwarsa duka haka ta tafi. Ya kafa jarida a Nashville, ya zama sanata a 1911 yana ɗan shekara 31, ya je Yaƙin Duniya na Ɗaya da muƙamin kanar, har ya yi yunƙurin sato Sarkin Jamus. Daga baya aka ɗaure shi a North Carolina kan badaƙalar banki a shekarun 1930. Wanda zai iya tunanin sato sarki, tsara wasa biyar a kwana shida ai shan ruwa ne a wurinsa.

Kawu Iro:
Tsaya, tsaya. Sato wa?

Shugaban Zaure:
Kawu, a yi haƙuri a gama da ƙwallo tukuna, kada zaren ya tsinke. Barista zai ba ku labarin sarki daga baya.

Maman Nana:
Sannunku. Ni ina bayan Barista, amma ta wata fuskar. Aikina jinya ne, kuma duk lokacin da na ji maza suna yabon wanda ya yi wasa da rauni, jikina sanyi yake yi. Kyaftin ɗinsu, Henry Seibels, an fasa masa goshi a wasan Texas, aka manna masa filasta ya ci gaba, shi ne ma ya ci makin. Kashegari ya sake shiga fili, jibi ma haka. Yau mun san abin da bugun kai a kan bugun kai yake yi wa ƙwaƙwalwa, musamman in na farko bai warke ba aka ƙara na biyu. Su hularsu in ma akwai ta fata ce, wasu gashin kansu kawai suke tarawa ya zama matashi.

Akwai kuma Ormond Simkins, ɗaya daga cikin gwanayensu. Raunukan da ya kwasa a ƙafa ba su bar shi ba, daga baya sai da aka yanke masa ƙafafu, ya rasu a 1921 bai tsufa ba. Shi ba a cika sa shi a cikin kirarin ba.

Kuma ba Sewanee kaɗai ba ce. Shekara shida bayan wannan tafiyar, a 1905, 'yan wasa kusan 20 suka mutu a faɗin ƙasar a kaka ɗaya. Sai da shugaban ƙasa Theodore Roosevelt ya kira wakilan Harvard da Yale da Princeton fadarsa. Daga rikicin nan aka kafa hukumar da ta zama NCAA, mai kula da wasannin jami'o'in ƙasar, aka kawo jifan ƙwallo gaba don a warwatsa cunkoson. Wato salon wasan da Ɗan Nashville yake kwatantawa da sha'awa, shi ne aka ga yana kashe yara aka canza.

Ɗan Nashville:
Anti, ba da sha'awa na faɗa ba wallahi, don a gane nauyin abin ne. Amma ina da ja kaɗan. In muka ce kada a yaba musu saboda abin yana da haɗari, to mun tauye su sau biyu: sun sha wahalar, kuma an hana su ladan suna. Seibels ya rayu har ya tsufa, aka sa sunansa a zauren gwarzayen ƙwallon jami'o'i a 1973. William Claiborne, mai tsaron layin gaba, ɗalibin ilimin addini ne, ya zama limamin coci yana hidima a ƙauyukan tsaunin. Ana ma ba da labarin cewa ido ɗaya gare shi mai lafiya, in an jeru sai ya nuna wa na gabansa mataccen idon ya ce jiya aka yi masa haka a wasa, don ya karya masa zuciya.

Maman Nana:
Ƙanena, ka ga ka sake yi. Na kawo maka mai yankakkun ƙafafu, ka mayar mini da labarin ban dariya. Ban ce kada a yabi yaran ba. Cewa na yi a tambayi manyan da suka sa hannu suka bar su suka tafi. Makaranta ce fa, ba barikin soja ba. Kwana nawa suka yi ba sa aji?

Auwal ɗan Arsenal:
Ni tambayata daban. Maki 10 ɗin da aka ci su, wa ya ci? Wanda ya iya huda irin wannan bangon ai shi ma a ambace shi.

Ɗan Nashville:
Auburn ce, ranar 30 ga Nuwamba a Montgomery, an tashi 11-10. A lokacin wanda ya kai ƙwallo bayan layin ƙarshe maki 5 yake samu, ba 6 irin na yanzu ba, sai bugun ƙari mai maki 1. Bugun ƙari guda ne ya raba su. Kocin Auburn kuwa John Heisman ne, wanda kyautar gwarzon ɗan wasan jami'o'i take ɗauke da sunansa har yau. Ya zo da salon hanzari, ba sa tsayawa shawara, da an tashi daga tsibi sai su sake afkawa kafin Sewanee ta jeru.

Baban Sadiq:
Ka faɗi sauran mana. Wasan bai kai ƙarshen lokacinsa ba. 'Yan kallo sun yi ta kutsowa cikin fili, aka yi ta gardama da alƙalin wasa, lokaci ya tafi, duhu ya shigo, aka busa tashi Sewanee na gaba da maki ɗaya. Heisman bai yarda ba, har jarida ya rubuta wa yana sukar alƙalancin. To ka ga, ranar da suka haɗu da ƙungiya mai koci na gaske, da ƙyar da taimakon faɗuwar rana suka sha. Bayan kwana biyu kuma, 2 ga Disamba a Atlanta, North Carolina ta riƙe su ba su iya tsallaka layinta ba ko sau ɗaya. Bugun ƙafa ta tsakanin sanduna ne ya ba su 5-0, don a lokacin shi ma maki 5 ne. Wasanni biyun nan su ne ma'aunin ƙungiyar na gaskiya, ba 71-0 da suka yi wa Cumberland ba.

Ɗan Nashville:
Malam, ai kun ba ni makami da hannunku. Wasanni biyu mafi wuya, tsakaninsu kwana biyu, a jihohi biyu, bayan sun riga sun buga goma, kuma duk suka ci. North Carolina ɗin nan ba a ci ta ko sau ɗaya ba a 1898. Ƙungiyar da ke lallasa raunana kawai ba ta cin irin waɗannan. Duhu kuma ai ba Sewanee kaɗai ya rufe ba.

Baban Sadiq:
Duhu ya rufe kowa, amma wanda ke gaba ya yi wa amfani.

Kawu Iro:
Wannan Cumberland ɗin da aka yi wa 71, Allah sarki. Iyayensu na kallo?

Auwal ɗan Arsenal:
Kawu ai wannan somin taɓi ne. Ita ce fa aka yi wa 222-0 a 1916, ci mafi yawa a tarihin wasan. Georgia Tech ta yi mata, kuma kocinta a lokacin shi ne dai Heisman ɗin nan. Wannan kam ko ni na sani.

Barista:
Ita ma waccan kuɗi ne sanadi. Cumberland ta riga ta rushe ƙungiyarta, aka ce ko ta zo ta buga ko ta biya tarar dala 3,000, sai aka tattaro ɗalibai aka kai su mayanka. Duk inda kuka tona a tarihin wasan nan, kuɗin ƙofa za ku tarar.

Amma bari in koma kan lissafin Ɗan Nashville na farko. Ya ce 'yan wasa 18 da koci da manaja da "mai yi musu tausa". Koci mun ji sunansa, manaja mun ji. Mai tausar sunansa Cal Burrows, baƙar fata ne. Shi ne ke bin su ɗaya bayan ɗaya yana murza musu jiki a cikin jirgi don su iya tashi gobe. In ana neman sirrin yadda jiki ya jure wasa biyar, to ga wani babban yanki nasa nan. Kuma ku tuna wace ƙasa suke ratsawa. A 1890 jihar Louisiana ta yi dokar raba taragon farare da na baƙaƙe. A New Orleans ɗin da suka ci Tulane aka kama Homer Plessy a 1892 don ya zauna a taragon farare, kuma a 1896 Kotun Ƙoli ta ce dokar ta yi daidai. Shekara uku ke nan kafin wannan tafiya. Mutumin da hannunsa ke riƙe da ƙungiyar, ba shi da ikon zama ɗalibi a makarantar, balle ya sa rigarta.

Ita kanta jami'ar, bishop-bishop na kudu ne suka kafa ta a 1857, jagoransu Leonidas Polk mai bayi ne, ya kuma zama janar a rundunar 'yan awaren kudu a yaƙin basasa. Jami'ar da kanta ta kafa shirin bincike kan wannan tarihin nata a 'yan shekarun nan.

Maman Nana:
Allah ya saka, Barista. Ni ai aikinsa na fi ganewa a cikin duk tawagar. Kowa ya yi barci, mai jinya ido biyu.

Ɗan Nashville:
Wannan gaskiya ne, kuma a 'yan shekarun nan masu ba da tarihin ƙungiyar sun fara ambaton sunansa tare da na 'yan wasan. Amma Barista, in muka bi ta nan, babu wata nasara ta kudancin Amurka a wancan zamani da za ta tsira. Sai mu rufe littafin gaba ɗaya?

Barista:
A'a, a buɗe shi sosai dai, a karanta har gefen shafi.

Auwal ɗan Arsenal:
To yanzu ina suke? Ni ban taɓa jin sunansu ba sai yau. In da gaske sun kai haka, ya aka yi suka ɓace?

Baban Sadiq:
Yawwa, ɗana ka yi tambayar da ta dace. A 1932 Sewanee na cikin makarantu 13 da suka kafa gasar SEC, wadda a yau ita ce gasar jami'o'i mafi ƙarfi da kuɗi a ƙasar. Daga 1933 zuwa 1940 ta buga wasan gasar 37. Ko ɗaya ba ta ci ba, ko canjaras ba ta yi ba. Sai ta tattara ta fice. Jami'o'in jihohi sun kumbura, ɗalibai dubbai, kuɗin gwamnati, ana ɗauko 'yan wasa da tallafin karatu. Makarantar 'yan ɗaruruwa a kan dutse ba ta da abin da za ta yi. Wannan ke nuna maka cewa 1899 ɗan taƙi ne da aka samu kafin manya su farka daga barci.

Ɗan Nashville:
Haka aka yi. Bakwai daga cikin waɗanda suka ci a 1899 yanzu suna SEC: Georgia, Tennessee, Auburn, LSU, Ole Miss, sai A&M da ta shiga a 2012 da Texas a 2024. Sewanee kuwa tana rukuni na uku na NCAA, inda ba a ba kowa tallafin karatu don wasa. Ɗalibanta ba su kai 2,000 ba. Babbar abokiyar hamayyarta yanzu Rhodes ce ta Memphis, kuma ita ce makarantar da suka yi wa 54-0 a 1899 lokacin tana da wani sunan. Amma ni ban ɗauki ficewar a matsayin faɗuwa ba, Malam. Shugabanta na lokacin, Alexander Guerry, ya ga cewa in ana son ci gaba da gogayya sai an riƙa sayo 'yan wasan da ba karatu ya kawo su ba, ya ce ba da shi ba.

Baban Sadiq:
Bayan an ci ka sau 37 a jere, cewa "ba da ni ba" ba ta da wuya.

Maman Nana:
Malam, ko da dukan ne ya koya musu, ai gara wanda ya ji duka ya tsaya da wanda ya ci gaba da tura 'ya'yan mutane. Ni wannan shawarar ta 1940 ta fi burge ni a kan tafiyar 1899.

Barista:
Hajiya, a nan kam mun rabu. Ficewar Sewanee ba ta rage ko bugu ɗaya a kan yaran da ke wasa a manyan makarantu ba. Can aka ci gaba da tara miliyoyi daga talabijin, kociyoyi na kwasar albashin da ya fi na gwamna, 'yan wasa kuwa, da yawansu baƙaƙe, doka ta hana su karɓar ko sisi. Sai a 2021 aka ba su damar cin kuɗi da sunansu da hotonsu. Tsarin Luke Lea ne dai ya yi nasara, makarantarsa ce kawai ba ta da girman da za ta ci moriyarsa.

Auwal ɗan Arsenal:
To ni dai na tsaya a nan: ko Tulane gurguwa ce, wasa biyar a kwana shida ba wasa ba ne. Ina tare da Yaya. Malam ku yi haƙuri.

Baban Sadiq:
Ba komai, ɗana. Ka dai riƙe cewa ya fara da "babu kamarsu a tarihi", yanzu muna kan "sun jure gajiya". In aka ƙara awa ɗaya za mu sauko kan farashin gaskiya.

Ɗan Nashville:
Malam, ban rage ko kwabo ba. Ku kawo mini wata ƙungiyar da ta yi wasa biyar a kwana shida a waje ba a ci ta maki ba, ko da da makarantun firamare ta kara, sai mu yi ciniki.

Kawu Iro:
Shugaba, na yi haƙuri iya haƙuri, magariba ta kusa. A ba ni labarin sarkin nan.

Shugaban Zaure:
Barista, bisimilla, amma a taƙaice.

Barista:
To Kawu. Da Jamus ta sha kaye a Nuwamban 1918, Sarki Wilhelm na Biyu ya sauka daga mulki ya gudu Holan, wani mai sarauta ya sauke shi a gidansa a garin Amerongen. A farkon Janairun 1919 Kanar Lea, wanda ke jagorantar wata rundunar manyan bindigogi ta 'yan Tennessee, ya ɗebi wasu hafsoshi da sajan-sajan nasa a mota, suka tsallaka iyaka ba da sanin manyansu ba. Niyyarsa ya ɗauko sarkin ya kai shi Faris, inda ake shirin taron sulhu, a yi masa shari'a. Sun isa gidan da dare, har aka shigar da su ciki, amma sarkin ya ƙi fitowa ya gan su. Kafin a jima sojojin Holan suka kewaye wurin, dole suka hau motocinsu suka juya. Sojan Amurka ya yi bincike, aka ba Lea takardar jan kunne, ba a gurfanar da shi ba. Abin da kawai suka dawo da shi daga gidan shi ne farantin zuba tokar sigari, wanda ɗaya daga cikin hafsoshin ya sunkuce ya sa a aljihu.